Ranar da Aka Kwantar da Ni a Gadon Tiyata

Assalamu alaikum. Kusan shekara guda ke nan ban ce komai a shafin nan ba. Masu kira suna tambaya, Hajiya Rabi, maiɗakina, takan ce masu ina hutawa. Gaskiyar magana jinya na yi, kuma yau na ga ya kamata ku ji daga bakina.

Ga waɗanda ba su san ni sosai ba, ni ɗan Birchi ne ta ƙasar Kurfi. Na yi karatun likita, na shiga soja, na shafe sama da shekara talatin ina yi wa mutane tiyata. Na ciro harsashi a cikin tanti, janareto na tari, na kuma yi aiki a manyan asibitocin bariki. Da muƙamin Kanar na yi ritaya, na dawo Dutsin-Ma, ina taimakawa a wani ƙaramin asibiti kwana biyu a mako, sauran kwanakin ina gonata ta Shema.

Abin ya fara ne da ganin jini a bayan gida. Na ce basir ne.

Ni da na sha yi wa marasa lafiya faɗa kan wannan kalma, ni ne na faɗe ta, har wata huɗu.

Sai rama ta biyo baya, da kasala. Wata safiya a gona na sunkuya duba dawa, jiri ya kwashe ni. Da na dawo gida Hajiya ta kalle ni ta ce, "Alhaji, in da wani ne ya zo maka da wannan, mi za ka ce mashi?"

Ba ta jira amsata ba. Ta ce, "To tashi mu tafi."

A babban asibiti aka ɗebi jini, aka yi hoton ciki, aka zura na'ura aka duba hanji. Tun kafin a yi mani bayani na hango ƙarin a jikin allo, na kuma gane shi. An yanki kaɗan an kai gwaji. Kwana goma muka jira, sakamako ya fito: ciwon daji ne na hanji, amma bai bazu ba.

Na ji tsoro ƙwarai. Na ga mutuwa iri-iri a bakin daga, amma duk ta wasu ce.

Wadda za ta yi aikin Dakta Sa'adatu ce, ɗalibata ta dā. Ni na koya mata ɗinkin hanji, na kuma sa ta kuka ba sau ɗaya ba saboda tsananina. Na fara gaya mata inda za ta yanka da irin zaren da nake so. Ta bari na gama, sannan ta ce, "Baba, duk na ji. Amma gobe aikinka ɗaya ne, ka yi barci."

Yayana, Yaya Lawal, ya zo daga Birchi da jakarsa da buzunsa. Bai san komai game da tiyata ba. Cewa kawai ya yi, "Kai ka yi wa mutane, Allah ba zai bar ka ba."

Da aka turo ni a kan gado zuwa ɗakin tiyata, ban ga komai ba sai rufi da fitilu suna wucewa. Shekara talatin ina shiga irin wannan ɗaki da ƙafata, ban taɓa sanin haka rufinsa yake ba. Na tuna wani kofur da ya taɓa riƙe mani hannu kafin a yi masa allurar barci, na zame hannuna don ina sauri. Ranar nan ni na nemi hannun da zan riƙe. Wata nas ta ba ni nata, ba ta janye ba har na ɓace.

An yi aiki lafiya. Kwana uku ba ci ba sha sai ƙarin ruwa. Ranar da aka ba ni cokali biyu na kunu, wallahi ban taɓa shan abu mai daɗinsa ba.

Bayan haka aka shiga maganin daji da ake sawa ta jijiya, wata shida. Amai, ciwon baki, abinci kamar toka. Maganin da tsada, sai da bijimaina biyu suka tafi kasuwa.

Maganin ya bar mani abu ɗaya: kan yatsuna sun mutu, ba na jin zare a tsakaninsu. Da na gwada ɗaura maɓallin riga na kasa, na san na gama riƙe wuƙar tiyata. Daga baya na kira Sa'adatu, na ba ta akwatin kayan aikina da na yi yawo da shi tun ina Kyaftin. Ta karɓa da hannu biyu tana hawaye.

Gwajin da aka yi mani makon jiya bai nuna komai ba. Alhamdu lillahi. Na koma asibiti, ina duba marasa lafiya, ina koya wa matasan likitoci da baki. Yanzu nakan jawo kujera in zauna, in bar mutum ya gama maganarsa. Dawar bana ma ta yi kyau.

Na gode wa Hajiya, da Yaya Lawal, da Sa'adatu, da nas ɗin da har yau ban san sunanta ba. Allah Ya saka masu da alheri.

'Yan'uwa, in kun ga jini a bayan gida, ko rama ba dalili, ko bayan gida ya canza ya ƙi komawa daidai, ku je a duba ku. Kada ku yanke wa kanku cewa basir ne. In kunya ce ta hana, ku tuna tsohon Kanar ma ya kwanta an duba shi, kuma ga shi yau yana rubuto maku da yatsa ɗaya, a hankali, cikin ƙoshin lafiya.