Zailani Mai Masauki da Ɗakin da Ya Rasa Magaji

Idan aka idar da sallar la'asar a masallacin bakin kasuwar Ikara, Zailani Abdurra'uf ba ya tsayawa hira. Yakan gaisa da na kusa da shi, ya zura takalmi, ya koma shagonsa na gyaran waya da caji. Can ƙuryar shagon akwai wata tsohuwar laftof wadda murfinta ya tsage aka naɗe da salatif. Sai ya goge ta, ya ɗora ta a kan bulo don ta sha iska, ya duba ko batirin sola ya ɗauki wuta, sannan ya kunna. In ta gama nishinta ta farka, ya buɗe ɗakin wasa, ya tura lambar shiga a zaurensu na WhatsApp, ya rubuta: "An buɗe, bismillah."

Haka ya yi shekara da shekaru, damina da rani.

Ga wanda bai san harkar ba, akwai wani dandali a intanet inda masu sha'awa ke ɗora wasannin da suka ƙirƙira da hannunsu. Nan Zailani da wasu matasan Makarfi da Kudan suka haɗa nasu, suka sa masa suna Lodin Rake. Ƙungiya-ƙungiya ake yi, a sare rake a gona, a loda a mota, a tsallake rafi da shi zuwa kasuwa kafin ruwa ya cinye gada. Mutum ɗaya ba ya iyawa, dole sai an haɗa hannu. Muryoyin cikin wasan ma na 'yan gida ne, da Hausarmu, har da tsakin direba. To amma irin wannan wasa ba ya tsayuwa da kansa. Sai an sami wanda zai bar kwamfutarsa a kunne ta riƙe kowa, ya buɗe ƙofa, ya karɓi masu shigowa, ya raba faɗa, ya kori mai zagi. Shi ake kira mai masauki, kuma Zailani ne ya ɗauki wannan kaya.

Waɗanda suka zauna a shagon sun shaida haƙurinsa. Mutum zai kira daga Paki yana faɗa wai an hana shi shiga, alhali lambar jiya yake sakawa. Zailani zai ajiye wayar da yake gyarawa, ya bi da shi a hankali har ya shiga. Akwai lokacin da wani baƙo ya kutsa ya rusa taswirar gaba ɗaya, gona da kasuwa da gada. Kowa ya ce shi ke nan. Shi kuwa ya zauna ya yi ta sake gini har ya mayar da ita, bai ko kawo maganar a zaure ba. Da an kira magariba kuma yake rufewa, ko da kuwa mota na tsakiyar gada.

Abin da mutane da yawa ba su sani ba shi ne, shi ba ya wasan. Laftof ɗin ba ta da ƙarfin riƙe jama'a kuma ta bar mai ita ya shiga. Ya taɓa gwadawa, sai motsin kowa ya tsaya cak, tun daga ranar ya haƙura. Yana dai zaune yana jin dariyarsu ta lasifika.

Kai ne mai masaukin da bai taɓa zama a tabarmar da ya shimfiɗa ba, Zailani. Mun ci daɗin, ba mu waiwaya mun ga wanda ke tsaye ba.

Cikin masu shiga ɗakin akwai Haidar, ɗan acaɓa daga Saulawa. Mota ta kaɗe shi a hanyar Zariya, laka ta taɓu, ƙafafu suka mutu. Da farko ana zuwa gaisuwa, daga baya ƙafa ta ɗauke, aka bar shi da mahaifiyarsa da rufin ɗaki. Zailani ya hau babur ya je, ya gyara masa waya, ya nuna masa yadda zai tuƙa motar rake daga kwance. Haidar ya zama direban da kowace ƙungiya ke rububi. Mahaifiyarsa ta ce in ba a wannan lokaci na yamma ba, ba ta jin muryar ɗanta ta ɗaga.

Da tafiya ta yi tafiya, mutane suka fara raguwa. Wasu sun tafi ci-rani, wasu sun yi aure, wasu sun koma manyan wasannin kamfanoni masu ƙyalƙyali. Akwai yammacin da Haidar kaɗai ke shiga, yana zagaya gonar da ba mai saran rake. Wasila, matar Zailani, ta taɓa tambayarsa.

"Baban Halima, mutum ɗaya ne fa a ciki. Don shi kake ƙona idonka?"

Ya ce, "In na rufe, ina zai je?"

Idon kuwa ya riga ya fara tafiya. Da farko gefe-gefe ne ya dushe, yana tuntuɓe da benci, yana neman ƙaramin sukurudireba alhali yana kusa da hannunsa. Ya ɗauka gajiya ce. Ranar da ya ƙona wayar wani da ƙarfen solda saboda bai ga inda ya ɗora ba, Wasila ta matsa masa suka je asibiti a Zariya. Likita ya ce hawan jinin ido ne, kuma an makara. Abin da ya tafi ba zai dawo ba, magani sai dai ya rage wa sauran gudu.

A motar dawowa Wasila na tunanin shago da abincin yara. Da suka wuce Makarfi sai ya ce, "Wa zai riƙe ɗakin?" Ta juya fuska wajen taga ta yi kukanta.

Ya sa ta rubuta masa saƙo a zaure, cewa yana neman wanda zai karɓa, zai ba shi laftof da sola, zai koya masa komai. Mutane suka karanta. Aka yi ta turo "Allah Ya ba da lafiya" da hoton hannu na addu'a. Mutum ɗaya ne ya zo, Bilya, wani matashi daga Kudan wanda ya fi kowa surutu a wasan. Zailani ya zaunar da shi yana murna, ya nuna masa yadda ake buɗewa, da yadda ake adana taswira, da abin yi in sabis ya ɗauke. Bilya na gyaɗa kai, can sai ya ce:

"Oga, to ta ina kai kake shiga?"

"Ba na shiga."

"Kamar ya? Kullum?"

"Kullum. Kai kake riƙe su, su kuma su yi wasa."

Bilya ya sosa ƙeya, ya ce zai yi shawara. Har yau yana shawarar.

Sai Zailani ya yi tunanin Haidar ɗin kansa. Ai hannayensa na aiki, kuma ba wanda ya fi shi son ɗakin. Aka ɗaure laftof da allon sola a bayan babur, maƙwabcinsa ya tuƙa shi zuwa Saulawa, don shi ya daina tuƙi. Haidar ya sa mahaifiyarsa ta tokare masa baya da filo, idonsa na sheƙi. Suka kunna, suka buɗe. Amma sabis ɗin da ke isar mutum ɗaya ya yi wasa ba ya isar wanda zai riƙe jama'a. Ɗakin ya buɗe ya faɗi. Suka ɗora wayar da ke ba da data a taga, suka rataye ta a sanda a tsakar gida, har kan katanga aka kai ta. Ya sake buɗewa, ya sake faɗuwa. Suka yi ta yi har rana ta yi ja.

Haidar ne ya fara cewa, "Yaya Zailani, bari haka. Ka sha wahala."

"Mu ƙara gwadawa."

"A'a. Allah Ya saka maka da alheri. Ka fitar da ni daga ɗakin nan fiye da yadda ka sani." Ya zame ya kwanta, ya juya fuska bango. "Umma, ki ba su ruwa."

Zailani ya ce a rayuwarsa bai taɓa jin nauyin kaya irin na laftof ɗin nan a hanyar komawa ba.

Ya ci gaba da buɗewa na ɗan lokaci, hancinsa kusan na taɓa gilashi, har ranar da ya kasa karanta lambar shiga. Ya kira Wasila ta karanta masa, ita kuma ga girki ga yara, ba kullum za ta iya zuwa shago ba. Makon jiya ya rufe. Ba a yi taro ba, ba wanda ya yi jawabi. A zauren ma washegari tallan takalma wani ya turo.

Malam Zailani, mun gode. Godiyar ta zo a makare, kuma ba za ta dawo maka da gani ba. Kai ne ka tara 'yan Ikara da Makarfi da Kudan wuri guda ba don siyasa ko gaba ba, ka sa suka koyi jiran juna a bakin gada. Kai ne ka tuna da wanda gari ya manta. Allah Ya tsayar maka da abin da ya saura na idonka, Ya ba ka ladan da mu muka kasa biya.

Ku kuma da kuka yi dariya a ɗakinsa, ban san ko akwai mai ji a cikinku ba, amma zan faɗa. Aikin ba shi da albashi, ba shi da tafi, kuma wanda ya karɓa ya bar wasa ke nan. Zailani na nan a shago, ya bar gyara, caji kawai yake karɓa, yana gane wayoyi da laluben hannu. Wanda zai koya ya zo yanzu, tun yana iya nuna masa wurin da yatsa.