Ramin da Aka Hana Hudawa

Shekarun da soja suka koma bariki, Abuja ta cika da sabbin gine-gine da sabbin motoci, amma wuta sai ta ga dama take zuwa. Ina aiki a ma'aikata a lokacin, ina haya a wani gida mai sassa biyu a hanyar Zuba. Mai gidan tsohon darakta ne. Da bulon siminti ya yi ginin, sannan ya lulluɓe waje da jan bulo, kuma wallahi ya fi son jan bulon nan a kan mutane. Dokarsa ita ce ko ƙusa kada a buga masa.

Maƙwabciyata tela ce, 'yar Filato, mijinta ya rasu, yaranta suna makarantar kwana. Kekenta na wuta ne, don haka ta sayi ƙaramin janareta. Akwai kejin ƙarfe a bayan gida inda ya kamata injin ya zauna, sai dai bangon baya ba shi da taga, dole a huda shi kafin waya ta wuce. Da aka hana, sai ta zura wayar ta tagar ɗakin ɗinki, ta ɗaure injin da sarƙa a ƙarfen tagar saboda ɓarayi. Taga ba ta rufuwa saboda waya, hayaƙi kuma ciki yake shiga. Kullum tana fama da ciwon kai, idonta jawur.

Ni na raka ta wurin mai gidan.

"Oga, don Allah, rami ɗaya ne kawai," in ji ta. "Hayaƙi yana kashe ni. Mai gyaran wuta ya ce ta layin siminti zai bi, ba zai taɓa bulo ba."

"Madam, yau ke, gobe Hajiyar da ta rako ki, jibi bangona ya zama rariya. Ki sayi doguwar waya ki zagaya."

Ta saya, ta zagaya. Ba a jima ba ɓarayi suka yanke ta saboda tagullar ciki, injin ya dawo gindin taga. Na koma wurin mai gidan na faɗa masa maganganun da ba a faɗa wa dattijo. Ya ce in gidan ya ishe ni, masu nema suna layi. Gaskiya ya faɗa, shi ya fi ƙona min rai.

Wata Asabar da damina, maƙwabciyar tawa tana saurin gama ankon biki, ruwa ya tsuge da rana. Ta jingina kwanon rufi a kan injin kada ya jiƙe, ta rufe ƙofa saboda feshi. Kwanon nan ya tattara hayaƙin duka ya tura mata. Bayan la'asar mai kayan ta zo ta yi ta bugu, injin yana ta ƙara, keke shiru. Da aka ɓalle ƙofa, kanta yana kife a kan keken, atamfa tana ƙarƙashin allura.

'Yan uwanta suka ɗauki gawarta zuwa gida. Na yi kuka, amma fushina ya fi kukan yawa.

Sabon ɗan haya ɗan kwangila ne, ya ce ba zai tare ba sai an kai masa waya keji. Mai gidan da kansa ya zo da mai gyaran wuta, yana nuna masa wurin da sandarsa. Na ɗora ruwan shayi aka fara hudawa, ruwan bai tafasa ba aka gama. Ramin ko babban yatsana ba ya shiga.

Da suka tafi na fito da tsintsiya. Ƙurar da ta zuba a gindin bangon na tara, na kwashe. Ba ta cika tafin hannuna ba.