Muryar Karmela a Tsakar Gidan Inna

Shekara shida ke nan da Allah ya karɓi ran Balkisa, aminiyata, wadda muka yi zaman ɗaki ɗaya da ita a Minguettes, can gefen birnin Lyon, lokacin muna ɗalibai. Mafi yawan masu karanta wannan shafi ba su taɓa ganin fuskarta ba, amma na tabbata sun san muryarta. In dai kin taɓa barin tukunya a wuta kin ruga gidan maƙwabta kallon fim ɗin nan na mutanen Meksiko da ake sawa a tele bayan magariba, to kin ji Balkisa. Ita ce mai magana da Faransanci a bakin Karmela.

Da Sifaniyanci ake yin waɗannan finafinan. Kafin su iso Yamai ko Damagaram sai an biyo da su ta ɗakin ɗaukar murya, a cire maganar asali a ɗora ta Faransanci daidai da motsin leɓe. A cikin 'yan wasan akwai wata doguwar mata mai manyan idanu, wadda ta fara da fitowa a matsayin 'yar aiki mai yawan kuka, wato Karmela, daga baya ta zama lauya a wani fim ɗin, can kuma ta zama uwar gida mai tsawa. Duk inda ta shiga a cikin shekarun nan, muryar Balkisa na biye da ita. Ba su taɓa haɗuwa ba, ko gaisuwa ba ta taɓa haɗa su ba. Amma Balkisa ta san matar nan fiye da yadda na san wasu 'yan uwana. Takan ce mini, "Duba, za ta haɗiye miyau. In ta yi haka ƙarya za ta shirga." Kuma sai ta shirga ɗin.

Mu biyun daga Damagaram muka zo, ni ina karatun haɗa magunguna, ita adabi. Tun a lokacin bakinta ba ya hutawa. Takan kwaikwayi mai gadin benenmu, da tsohuwar da ke faɗa da kare a hawa na ƙasa, da Alhajin nan ɗan Cadi mai sayar da turare, har sai na riƙe ciki. Ranar da lif, na'urar hawa benen, ya lalace, wanda ba abin mamaki ba ne a unguwar, muna hawa da ledojin cefane tana raba mini muryoyi har mu isa sama ban san na gaji ba. Wata malamarta ce ta ji ta, ta tura ta gwajin murya a Paris. Daga nan ta tattara ta koma Sevran, a gefen Paris, kullum tana bin jirgin ƙasa zuwa aiki, ni kuma na zauna Lyon da kwalabena.

Abu ɗaya ne ya hana ta jin daɗin wannan aikin, shi ne Inna, mahaifiyarta. Balkisa 'yar fari ce, kuma Inna irin matan da ne masu riƙon kunya da gaske. Ba ta taɓa kiran sunanta ba, ba ta yabonta, ba ta tambayarta kai tsaye. In an buga waya gida, da ta ji muryar Balkisa sai ta amsa gaisuwa a taƙaice ta miƙa wa ƙannen. Wannan ba baƙon abu ba ne a wurinmu, Balkisa ma a haka ta tashi. Sai dai da ta fara aikin, wani kawunta ya aiko da magana mai zafi, wai an tura yarinya karatu ta ɓuge da faɗin kalaman soyayya duniya na ji, ta zubar musu da mutunci. Daga ranar shirun Inna ya canza mata kama. Ta kasa gane ko shirun kunya ne na kullum, ko kuwa na fushi. Kuma ba tambayar da ɗiyar fari za ta iya yi wa uwarta ba ce.

Ta sha faɗa mini cewa in har Inna na fushi, za ta ajiye aikin ko da shi ne abin da ta fi so a duniya. Ni kuwa da bakina da ba ya shiru nakan ce mata ta bar Karmela ta yi kukan, tunda ita ake biya don shi. Takan yi dariya, amma na san abin yana cinta.

Wata shekara na je gida hutu, na biya don in gaishe da Inna da yamma. Na tarar an fito da tele tsakar gida an ɗora kan turmi, matan unguwa sun cika tabarmi. Inna na gefe, ta ba tele ɗin baya, tana tsince shinkafa a faranti kamar abin bai dame ta ba. Ko kalma ɗaya ta Faransanci ba ta ji. Mata na ta surutu, wannan na tsine wa mugun attajirin, waccan na tausayin marainiya. Karmela na buɗe baki sai na ga hannun Inna ya tsaya cak a cikin shinkafa.

"Ku yi mamu shiru mana," in ji ta.

Aka yi tsit. Da Karmela ta fita daga ɗakin aka koma kan wasu, hannun ya ci gaba da tsinta. Haka aka yi ta yi har aka tashi.

Da na zo sallama ta shiga ɗaki ta fito da ƙullin citta da kanumfari da busasshen lemun tsami. Ba ta dube ni ba ta ce, "Karmela mura gare ta. Tun shekaranjiya nake jin hancinta a toshe. Ki kai mata, ki ce ta bar shan ruwan sanyi."

Na karɓi ƙullin. Gaskiyar Inna ce. Balkisa ta yi wata muguwar mura a sanyin da ya wuce, ta kuma je aiki a haka. Turawan da ke ɗaukar muryar, da na'urorinsu a kunne, ba su ji komai ba. Murar ta warke da daɗewa, sai a lokacin ta iso Damagaram.

Ban jira na koma Lyon ba. Daga filin jirgi na wuce Sevran na dire mata ƙullin a kan tebur, na faɗa mata saƙon yadda aka ba ni, ban ƙara ba ban rage ba. Ta sa na maimaita. Sannan ta tambaye ni, "Da bakinta ta ce Karmela?" Na ce da bakinta. Sai ta ɗauki ƙullin ta kai hanci, ta yi kuka irin wanda ban taɓa jin ta yi wa kowane fim ba. Ni ma na taya ta, daga baya muka dafa cittar muka sha alhali ba mai mura a cikinmu.

Daga nan wayarsu ta canza. Inna ta samu sunan da al'ada ba ta hana ta faɗa ba, ta kuwa riƙe shi da kyau. Takan karɓi wayar ta ce, "A gaya wa Karmela ta rage ɗaga murya gaban manya." Balkisa ta ce, "To Inna, za ta ji." Ko kuma, "Karmela tana cin abinci kuwa? Na ji ta ba ƙarhi." Har Balkisa ta bar duniya, bayan gajeriyar rashin lafiya, ba su taɓa yin maganar a fili ba, kuma ba su buƙaci hakan ba. Shekarun nan na ƙarshe su ne mafi daɗi a rayuwarta, na gode wa Allah da na gan su.

Nakan yi tunanin me za ta ce da ta ga yau. Yanzu finafinan ƙasashen waje da Hausa ake juya su, yara na kallo a waya suna tafe. Na san da ta yi tsaki kan masu maganar da ba ta bin leɓe, sannan washegari ta nemi a ba ta aikin, don Inna ta ji abin da take faɗa ba sautin kawai ba. Ita kuwa 'yar wasan Meksiko tana nan da ranta, gashi ya yi fari, kakanni take fitowa yanzu. An ba wata Bafaranshiya muryarta, kuma ba laifi tana ƙoƙari. Ban sani ba ko labari ya taɓa kai mata cewa wadda ta yi mata magana shekara da shekaru ta rasu.

Ƙannen Balkisa sun ce ranar da aka fara sa sabon fim ɗin 'yar wasan sun kira Inna da murna, ga Karmela ta dawo. Ta saurara kaɗan, ta ce wannan baƙuwa ce, ta tashi ta shiga ɗaki. Sai suka nemo mata tsofaffin finafinan suka zuba mata a waya. A zaman makoki ba wanda ya ga hawayen Inna, don ba a yi wa ɗan fari kuka a gaban mutane. Amma yanzu bayan magariba takan ajiye wayar kusa da faranti ta kunna, ta juya mata baya kamar da.

Balkisa ba ta bar gida ko mota ba, sunanta ma sai mai haƙurin karanta ƙananan rubutun ƙarshen fim zai gani. Muryarta ce ta rage, kuma tana hannun wadda ta fi kowa saninta. Makon jiya na buga wa Inna waya don na san ranar rasuwar Balkisa ta zagayo. Muka gaisa, ta tambayi sanyi, ta tambayi yara. Na ce Allah ya jiƙan waɗanda suka riga mu. Ta ce amin. Har zan yi sallama sai ta ce, "Jiya na kai wurin da take murar nan. Kin dai kai mata cittar ko?"

Na ce na kai, Inna, ta sha.