Bugu Tara na Gadar Garinmu

Ina shago ina yankan wando aka ce gada ta rufta da Dogo, aminina.

A garinmu gini ba ya tsayuwa sai da kiɗa. Shekara talatin Dogo yana tsakiyar gadar nan kowace safiya, ya buga ganga sau tara, ƙarafa su ɗaure. Sai sabon shugaban ofishin kula da gadar ya ce ƙarar tana damun mutane, a mayar bakwai. Shi ne yau a gaba wajen ta'aziyya, har da hawayensa.

Rabuwarmu ta ƙarshe na ce, “Ɗan'uwa, ƙara biyun a ɓoye mana.”

Ya yi dariya. “Tela, sun sa mai ƙirgawa. In suka kore ni, wa zai buga ko bakwai ɗin?”