Abin da Ya Cika Na'urar Mai Sito

Shekara talatin da huɗu ya yi yana riƙe da makullan sito a wani kamfanin motocin haya, har sunansa na yanka ya ɓace, kowa Mai Sito yake ce masa. Shekara shida ke nan da ya ajiye aikin, amma sunan ya ƙi ajiye shi. Gajere ne, mai tsabtar tsiya, ga taurin kai na ƙin ƙarawa, kuma ko a gabansa aka faɗi haka ba zai musa ba.

Dokarsa a wurin aiki ɗaya ce tak: ba a fitar da kaya daga sito a zubar sai an buɗe an gani. An taɓa kawo wani sabon manaja mai zafin kai, ya leƙa sito ya ce kwalayen da ke lungu sun cinye wuri, a kwashe su a kai bola kafin a tashi aiki. Mai Sito ya ce to. Sai ya jawo kujera ya zauna, ya dinga buɗe kwalayen ɗaya bayan ɗaya, manaja na tsaye a kansa yana huci. Kwali arba'in ne. Talatin da tara tarkace ne zalla, tsofaffin robobi da ƙusoshin da tsatsa ta gama da su. A na arba'in aka tarar da sababbin kayan burki da aka yi wata uku ana nema, har an kusa korar wani makanike a kansu. Daga ranar ba wanda ya ƙara gaya masa yadda zai yi aikinsa.

Wadda ta fi kowa shan wahalar dokar nan ita ce matarsa, don bai bar ta a wurin aiki ba, gida ya taho da ita. Tela ce, 'yan layi suna ce mata Mama Tela, kekenta na gefen taga a falo. Shekara arba'in ba ta isa ta jefar da gwangwani ba sai ya leƙa ciki. Mace ce mai ƙarancin magana. Idan ya fara faɗa sai ta ci gaba da taka kekenta, har ya gaji ya sauka don kansa.

Wata safiya yana shan shayi kofin ya suɓuce masa, ya sunkuya zai ɗauka ya kasa tashi. A asibiti aka ce shanyewar ɓarin jiki ce, ta gefen dama. Allah ya taƙaita. Ƙafa ta dawo a hankali, baki ma ya dawo, har da ƙari. Hannun ne ya ƙi. Yatsa biyu kawai ke motsi sosai, babba da manuni, sauran ukun sai an lallaɓa. Mutumin da yake gane makulli a aljihu da taɓi kawai, ga shi yau maɓallin rigarsa ya gagare shi. Abin ya ci shi ƙwarai, kuma da yake bai iya kuka ba, sai ya huce da faɗa.

Likitar motsa gaɓɓai ta ba shi ƙwallon roba ya dinga matsawa. Kwana uku ya yi da ita ya cilla ta ƙarƙashin gado. Sai Auta, 'yarsu ta ƙarshe, wadda ke koyarwa a wata makaranta, ta ɗauko na'urar wasanta ta zamanin 'yan matanci ta haɗa da talabijin ɗin falo. Ta riga ta tambayi likita, an ce ba laifi a gwada.

"Ni da furfurata za ki ba ni kayan wasan yara?" in ji shi.

"Tseren mota ne, Baba. Ka dai duba motocin."

Ta san lagonsa. Rabin rayuwarsa ya yi a cikin kayan mota, amma bai taɓa mallakar tasa ba. Kafin sati ya zagayo ya zaɓi wata ja, ya ce ita ce tasa.

Tun daga nan kullum da yamma sai ya zauna ya ɗora rimot ɗin wasan a kan wani ɗan matashi da Mama Tela ta ɗinka masa, mai rami a tsakiya. Ita ce ta ce ya gwada haka, ya karkata rimot ɗin kaɗan don yatsunsa biyu su kai. Takan bar keke ta zo ta zauna a hannun kujera tana kallo. Lokaci zuwa lokaci sai ta ce, "Danna na ƙasa kafin ka shiga kwanar."

"Ke me kika sani a mota?" yakan ce. "Ki ji da zarenki."

Sai motar ta je ta daki bango.

Haka aka yi wata biyar. Wata ranar Laraba ya tashi da safe ya ce shi zai ɓalla rigarsa da kansa. Ya yi ta fama har gumi ya keto masa, maɓalli ɗaya bai shiga ba. Da yamma ya kunna na'ura don ya huce, sai ga wani saƙo a fuskar talabijin: wasan yana bukatar sabuntawa, kuma babu sauran wuri a ma'ajiya. Ya danna nan, ya danna can, wasan ya ƙi buɗewa. Ya ajiye rimot ɗin a hankali, wanda ya fi jifa muni ga wanda ya san shi.

"Shi ke nan. Na'urar ma ta gaji da ni. Hannun nan ba zai dawo ba, wata biyar ina yaudarar kaina. Ki kira Auta ta zo ta kwashe kayanta, kuma gobe ba inda za ni."

Washegari Alhamis ce, ranar asibiti, Talata da Alhamis maƙwabcinsu ke kai shi. Bai je ba. Likita ta sha faɗa masa cewa idan ya daina motsa hannun zai sandare a inda yake, kuma Mama Tela ta san idan ya ce ya daina, to ya daina.

Ranar Asabar da hantsi Auta ta zo. Ta gaishe su, ta ajiye jaka, ta zauna a ƙasa gaban talabijin ba tare da ta yi masa gardama ba.

"To, Baba, zan tafi da ita. Amma bari in ga abin da ya cika ta tukuna."

Ta shiga wurin da na'urar ke nuna kayan da ke cikinta. Wasanni uku ne kacal, ko rabin wurin ba su ci ba. Ta sauka ƙasa, sai ta fashe da dariya.

"Baba, ashe ɗaukar bidiyo kake yi ba mu sani ba. Ɗari huɗu da goma sha biyu."

Ta nuna masa wani ɗan mitsitsin maɓalli kusa da inda babban yatsansa ke hutawa. Duk sa'ad da yatsan ya zame ya danna shi, sai na'urar ta adana 'yan mintunan da suka wuce na wasan, haɗe da duk maganar da aka yi kusa da rimot ɗin. Ita ce ta bar shi a haka tun lokacin da take wasa da ƙawayenta, ta manta.

"Abu mai sauƙi. In goge su duka, wuri ya samu."

"Goge kawai, Auta," in ji Mama Tela daga bakin keke, da wani sauri da ba a san ta da shi ba.

Auta ta zaɓe su gaba ɗaya. Na'urar ta tambaya ko ta tabbata. Mai Sito ya kawar da kai, ya sake juyowa, ya gyara zama. Ya yi iya ƙoƙarinsa, a ba shi wannan, amma halin shekara talatin da huɗu ya fi ƙarfinsa.

"Tsaya. Kin buɗe kin gani?"

"Haba Baba, ɗari huɗu fa."

"Ko dubu huɗu ne. Ba a gabana ba."

Aka buɗe na farko. Jar mota ce ta kafa kai a bango tun a wurin tashi, tayoyi na juyawa a banza, sauran motoci sun zagayo sun sake wuce ta. Sai ga wata murya mai nauyi, kalmomi na fita a karkace. Sai da ya ɗan jima kafin ya gane tasa ce. Kunya ta kama shi, don ya manta ya taɓa zama haka. Auta ta dinga buɗewa tana tsallakawa. A bidiyon wata na biyu motar tana tafiya tana gogar bango hagu da dama. A na uku ta kai ƙarshe, ita ce ta baya. A na makon jiya kuwa ta shiga kwana uku a jere ba ta taɓa komai ba, ta zo ta huɗu a cikin takwas.

"Ka gani, Baba?"

Ya gani. Duk tsawon watannin nan da hannunsa na da can yake gwada kansa, bai taɓa gwadawa da hannun da aka sallamo daga asibiti ba. Ya kalli yatsunsa ya ɗan motsa su.

Idon mai sito ba ya barin kaya su wuce haka nan. A gefen kowane bidiyo akwai rana da lokaci, kuma tun ɗazu wani abu ke damun sa.

"Koma sama. Wancan. Talata, ƙarfe goma sha ɗaya na safe. Ga wani, Alhamis. A wannan lokacin ina asibiti. Waɗannan ba kayana ba ne."

Ƙarar keke ta tsaya. Auta ta buɗe.

Jar motar ce, amma da baya take tafiya. Sai muryar Mama Tela, ita kaɗai a falo, tana magana da kanta ƙasa ƙasa: "Kai, wannan abu. To, na sama gudu, na ƙasa burki. Na sama gudu, na ƙasa burki." A wani na bayan sati biyu motar ta miƙe, muryar na cewa, "Da yatsa biyu ba ya kaiwa. Sai an karkata shi. Bari in sa matashi in gani." A wani kuma tana ta maimaita kwana ɗaya, wadda kullum take kayar da shi, har ta wuce lafiya, ta ce, "Yauwa. Kafin kwanar ake dannawa. Allah ya sa ya ji idan na faɗa."

Sun kai sittin. Auta ta juyo tana kallon uwarta.

"Mama, da yatsa biyu kike yi?"

Mama Tela ta sunkuyar da kai tana warware zaren da bai harɗe ba. "Nakan ɗaure ukun da ƙyalle. Idan ba haka ba, ta yaya zan san abin da yake ji? Ashe shi ya sa ni ma nake danna maɓallin nan." Ta ɗan yi murmushi. "Ɗinkin mutane na jira, ina nan ina tuƙin mota."

Mai Sito ya tuna sau nawa ya ce mata ta ji da zarenta. Ya tuna matashin da ya ɗauka dabara ce ta faɗo mata haka kawai. Kunya da godiya suka haɗu suka cika masa ƙirji, kuma godiyar ta fi yawa. A shekara arba'in idan zai gode mata sai dai ya sa wa kekenta mai, ko ya gyara mata ƙofar kabad. Yau babu abin gyarawa a kusa.

"Maman yara."

"Na'am."

"Na gode. Allah ya saka miki. Ki yafe mini bakina."

"Ba komai, Baban yara," ta ce, ta goge ido da gefen yadin da take ɗinkawa, na mutane ne ma.

Ya gyara murya ya koma Mai Sito. Nasa, a bar na farko da na ƙarshe, a goge sauran. Wasan ƙwallon da ba wanda ke taɓawa, shi ma a fitar da shi. Nata kuwa ko ɗaya ba a taɓawa. Auta ta ce su ma suna cin wuri, ya ce wurin nasu ne. Da ƙyar ya yarda ta kwafe su a filashi, 'yar ƙaramar ma'ajiyar da ake soka wa na'ura, don kada wata rana na'urar ta lalace, ya sa ta maƙala shi a tsohon zoben makullansa. Ma'ajiya ta yi fili, wasan ya sabunta ya buɗe.

"Ranar Talata ki gaya wa maƙwabci ya zo da wuri," ya ce wa matarsa. Sannan ya dubi Auta. "Ba rimot biyu na'urar nan take da shi ba?"

Auta ta ciro na biyun daga aljihun tebur ta miƙa wa uwarta. Mama Tela ta zauna, wannan karon a kan kujerar sosai, kusa da shi, ta zaɓi wata shuɗiya. Da yatsa goma a sake, ba ta rage masa gudu ko kaɗan ba. Ta kai ƙarshe ta jira shi har ya iso.

Ya daɗe yana kallon talabijin, sannan ya gyara rimot ɗin a kan matashi.

"A waccan kwanar ta biyu, wanne kike dannawa?"

"Na ƙasa," ta ce. "Wata biyar ina faɗa maka."