Ranar da Muka Kwanta Cikin Albasa

Da muna yara a ƙauyenmu na ƙasar Bodinga, bindiga ɗaya na sani, ta kawuna maharbi. Sai an ɗura mata albarushi take tashi, kuma in muka ji ƙararta mukan ruga mu ga abin da ya kaso. Yanzu ya tsufa, ya koma noman albasa.

Bara da rani na je taya shi ban ruwa a fadama. Da hantsi muka ji rugugin babura daga yamma, ba ɗaya ba, ba biyu ba. Kawu ya saki fartanya ya fizgo rigata.

"Kwanta, ɗana! Kak ka ɗaga kai."

Muka kife cikin hanyar ruwa, laka har bakina. Ta tsakanin ganyen albasa na hango mahayan baburan suna wucewa da goyo, fuskoki a naɗe, bindigogi a kafaɗa. Na ƙara lafewa don kada ganye ya motsa. Jim kaɗan harbi ya ɓarke a ƙauyen da ke gabanmu, ba ƙaƙƙautawa.

"Kawu, mu gudu?" na raɗa masa.

"Ina za mu? Wagga ba irin bindigar da nis sani ba ta."

Sai bayan azahar muka iya tashi. Washegari muka je jana'iza. Cikin waɗanda aka jera har da mai sayar mana da irin albasa. Har aka idar da sallar, kunnuwanmu na kan hanya.