Gwaggo Kande da Muzurunta Ɗan Alhaji

Duk wanda ya zauna a Yelwa ya san Gwaggo Kande, ƙanwar babana, ba ta bukatar sallama. Ƙamshin humra ne ke riga ta shiga gida. Bandar kifi take yi a bakin ruwa, amma ta ƙi jinin ƙarni. Kullum maganarta ke nan: "Ko kada ya cinye ni, ya san ya ci mai ƙamshi!"

Ran nan za mu Ngaski cin kasuwa, ta shigo kwalekwale da kaskon turaren wuta. Mai jirgi ya ce, "Haba Gwaggo! Da hetur hwa cikin jirgin ga!"

Ta ce, "Awo, warinai ni ka son kashewa."

Sai da aka tsoma kaskon a ruwa, ta yi fushi har muka sauka.

Ba ta haihu ba, sai muzurunta Ɗan Alhaji, tare suke kwana, ɗaki rufe, hayaƙin turare ya turnuƙe. Wata rana da ta ji yana ƙarnin kifi, sai ta shafe shi da man turare tun daga kai har wutsiya. Shi kuwa ya bi jikinsa ya lashe tas. Kafin la'asar yana dalalar da yawu, yana tangaɗi, numfashi da ƙyar. Wallahi ban taɓa ganin tsoro a fuskarta ba sai ranar. Goya shi ta yi da zane, muka nufi asibitin dabbobi.

Likita ya wanke shi, ya ba shi magani, ya ce, "Inna, man turare guba ne ga kyanwa, hayaƙin ma yana cutar ta. Ko turare, ko shi."

Ta ce, "Yaro, ni da humra mun girme ka!"

Amma washegari ta rabar da kwalabenta kaf. Muzuru ya miƙe, Gwaggo ta koma ƙarni kamar kowa. In mun tsokane ta sai ta nuna muzurun ta ce, "Mai gidan ya hi son haka."

Da ciwo ya kwantar da ita, ta riƙe hannuna ta ce, "Ranar da za ku sa min turare, ki hwara hidda Ɗan Alhaji waje."

Haka na yi. Na kai shi maƙwabta ina kuka, sannan muka zuba wa likkafaninta humra son ranta.

Allah Ya jiƙan Gwaggo, Ya sa ta shaƙi ƙamshin Aljanna.